Lambun Ɗari a Birnin Katsina: Tarihin Renon Tsirran Ƙasashen Sanyi

Hasumiyar Gobarau, wadda ke tsaye a tsakiyar tsohon birnin Katsina da tsayin da ya kai kimanin mita 15, ragowa ce ta babban masallacin Juma'a na zamanin da, kuma ruwayoyin gari suna danganta ginin da zamanin Sarki Muhammadu Korau da kuma zuwan Shehu Muhammadu ɗan Abdulkarim al-Magili a ƙarshen ƙarni na 15. Saboda wannan gini da manyan malaman da birnin ya yi, irin su Ɗan Marina da Ɗan Masani, an saba ba da tarihin Katsina ta fuskar karatu da fatauci da sarauta, ana tsallake wata sana'a da ta rayu tare da su tsawon ƙarnoni, wato aikin lambu, ko garka kamar yadda Katsinawa da 'yan'uwansu na Maraɗi suke faɗi. Lambu fili ne da ake kewayewa da shinge a noma shi da ruwan rijiya ko na rafi bayan ɗaukewar damina, kuma abin da ya fi bambanta shi da gona shi ne yawancin abin da ake shukawa a cikinsa baƙi ne: alkama da albasa da tafarnuwa da rumman da inabi a zamanin ayarin raƙuma, sa'an nan kabeji da karas da latas a zamanin Turawa. Waɗannan duka tsirrai ne na ƙasashen da suka fi ƙasar Hausa sanyi, don haka tarihin lambun Katsina, idan aka bi shi daga tushe, tarihi ne na yadda manoma suka gano cewa watanni uku ko huɗu na ɗari sun ishe su renon abin da ƙasarsu ba ta haifa ba.

Birnin Katsina yana kan tudu mai tsayin kimanin mita 500 daga doron teku, kuma shekararsa ta rabu gida huɗu: damina daga Yuni zuwa Satumba, kaka, ɗari ko hunturu daga tsakiyar Nuwamba zuwa Fabrairu, sai bazara wadda zafinta kan kai digiri 40 a watan Afrilu da Mayu. A lokacin hunturu busasshiyar iska ce take kaɗowa daga arewa maso gabas, ta ratso Sahara ɗauke da ƙura, wadda takan rage ƙarfin rana da tsakar yini, yayin da rashin gajimare da rashin laima ke barin zafin ƙasa ya fice da dare har ma'auni ya sauka zuwa digiri 12 ko ƙasa da haka idan jaura ta yi tsanani. Wannan sanyin dare shi ne jarin ɗan lambu. Alkama ba ta yin 'ya'ya da yawa a gindi sai da shi, albasa ba ta ƙulla lawashi mai ƙarfi kafin ta yi kai sai da shi, bushewar iskar kuma takan hana cututtukan ganye da ke kashe irin waɗannan tsirrai da damina. Abin da hunturu bai zo da shi ba shi ne ruwa, kuma a nan ne tsarin birnin ya shigo cikin lissafi.

Ganuwar Katsina, wadda ake danganta faɗaɗa ta da Sarki Ali Murabus a ƙarni na 16, ta kewaye fili da ya ninka wurin zaman mutane nesa ba kusa ba. Hugh Clapperton, mutumin Birtaniya da ya sauka a birnin a watan Mayu na 1824 yana dawowa daga Sakkwato, ya kiyasta cewa gidaje ba su ci fiye da kashi ɗaya cikin goma na filin da ke cikin ganuwa ba, sauran duk gonaki ne da itatuwa. Heinrich Barth, Bajamushen da mutanen ƙasar suka sani da Abdulkarim, wanda ya zo a 1851 ya sake dawowa a 1853, ya kiyasta kewayen ganuwar da mil 13 zuwa 14, wato fiye da kilomita 20. Manufar barin irin wannan fili sananniya ce a biranen Hausa, domin idan abokan gaba suka yi wa gari ƙawanya, mutanen ƙauye da dabbobinsu suna samun mafaka, kuma ana iya noma abinci ba tare da an leƙa waje ba. Ruwan birnin yana malalewa ta rafuka biyu, Ginzo da Tille, waɗanda ke gudu da damina su ƙafe da rani, amma su bar danshi kusa da doron ƙasa, ta yadda rijiya mai gaba biyu ko uku takan tarar da ruwa a gefensu. Ga kuma kududdufai, wato ramukan da aka haƙi ƙasar gini daga cikinsu, waɗanda ke cika da ruwan sama su riƙe shi har cikin ɗari. Ƙasar da aka yi tubalin hasumiya da na ganuwa da na soraye da ita ta bar ramuka a ko'ina cikin gari, kuma kowane rami ya zama ma'ajiyar ruwa ga marina da magina da masu garka.

Irin shukar ya biyo hanyar da littattafai da gishiri da takarda suka biyo. A ƙarni na 17 da na 18 Katsina tana cikin manyan mashigan fataucin Sahara, ayari yana tasowa daga Gadamas da Gat da Tuwat ya ratso Agadas ya sauka a nan, kuma Larabawa da yawa sun zauna dindindin a unguwanni irin su Albaba. Mutumin da ya girma da gurasar alkama da 'ya'yan itatuwan dausayi, wato wuraren ruwa da dabino na tsakiyar hamada, ba ya barin wannan ɗanɗano don ya sauya gari, kuma shi ne ya fara buɗe kasuwar waɗannan kaya. Sarakuna da attajirai suka bi sahu, har alkaki da funkaso da taliyar hannu suka shiga cikin abincin biki da na salla, suka zama ma'aunin wadatar gida. Tare da alkama aka sami ƙananan tsirran magani da ƙamshi irin su algarif da na'ana'a, waɗanda su ma sai da sanyi suke yin kyau. Daga wata fuskar kuma, bayan da jiragen Turawa suka haɗa Amurka da gaɓar tekun Afirka, barkono da taba da gwanda da dankali, daga baya kuma tumatir, suka hauro sannu a hankali har suka samu gurbi a lambunan Hausa. Barth ya shaida cewa tabar Katsina tana da suna har a Tambutu, ya kuma ambaci ayaba da gwanda a wuraren da ke da ni'ima a ƙasar.

Bayanin da ya fi jan hankali shi ne na Clapperton, wanda ya lissafa ɓaure da kankana da rumman da lemun tsami a cikin 'ya'yan itatuwan birnin, sa'an nan ya ƙara da cewa an gaya masa inabi ya wadata a da, amma an sassare kurangarsa lokacin da masu jihadi suka ci garin, abin da ya faru wajen 1807 a ƙarƙashin Malam Ummarun Dallaje. Wannan ruwaya tana buƙatar a karanta ta da hankali. Ji ya yi ba gani ba, kuma mai yiwuwa masu ba shi labari fatake ne da yaƙi ya karya wa kasuwa. Marigayi Yusufu Bala Usman, a littafinsa na 1981 kan sauye-sauyen ƙasar Katsina daga 1400 zuwa 1883, ya yi dogon gargaɗi kan taƙaita wannan zamani zuwa rikicin Fulani da Haɓe kamar yadda marubutan Turai suka saba yi. Mai yiwuwa ne an sare wasu kurangu saboda tsoron a yi giya da su, amma halin itacen kansa ya isa ya bayyana ɓacewarsa ko da babu gatari. Inabi tsiro ne mai daɗewa, wato wanda ba ya mutuwa bayan girbi ɗaya, kuma a ƙasarsa ta asali yakan zubar da ganye ya huta cikin sanyi kafin ya sake tohowa. A ƙasar zafi ba ya samun wannan hutu da kansa, sai mai lambu ya yi masa aski a kan kari, ya kafa masa rumfa, ya tsare gindinsa daga gara, ya shayar da shi duk tsawon bazara, ya kuma yi fama da ruɓar ganye da damina. Shekara biyu ta rashin kulawa ta isa ta kashe aikin shekara ashirin. Bayan jihadi zuriyar tsoffin sarakuna ta kafa Maraɗi, hare-hare suka yi ta kai da komowa tsakanin garuruwan biyu, manyan fatake suka koma Kano, har Barth ya tarar da mutanen birnin ba su wuce 7,000 zuwa 8,000 ba. A irin wannan hali alkama da albasa, waɗanda ake shukawa a girbe cikin wata huɗu, sun tsira, domin ko an rasa shekara ɗaya ana iya sake shukawa a ta gaba, rumman ma ya tsira a tsakar gidaje saboda jimirinsa ga fari, amma inabi ya tafi tare da masu renonsa. Cewa ƙasar tana iya ɗaukarsa ba abin shakka ba ne, ganin yadda manoman Hunƙuyi da Kudan a ƙasar Zazzau suke noma shi a yau don sayarwa.

Yadda ake aikin bai sauya sosai ba daga wancan zamani har zuwa shekarun 1970. Da zarar an kawar da amfanin damina, ɗan lambu yakan kafta ƙasa da fartanya ya farfasa hoge, ya zuba takin awaki da toka da sharar gari da jakuna ke kawowa a mangala, sa'an nan ya yanka filin zuwa fangali, wanda wasu ke kira komi, wato ɗan gurbi mai kusurwa huɗu da aka ɗaga wa baki don ya riƙe ruwa. Tsakanin layukan fangali akwai 'yar magudana da ta taso daga bakin rijiya. A can ne ake kafa jigo: gwafanni biyu da sanda a gicciye, doguwar gora ko reshe a ɗaure a kanta, curin busasshiyar laka a ƙarshen baya, igiya da masaki ko guga a ƙarshen gaba. Mai ban ruwa yakan ja igiyar ƙasa har masakin ya nutse, ya sake ta nauyin lakar ya ɗago masa ruwan, ya juye a bakin magudana, yayin da yaro ke can ƙasa da 'yar fartanya yana buɗe bakin fangali ɗaya, ya jira ya cika, ya toshe da laka ya buɗe na gaba. Ana fara wannan aiki tun da asuba, lokacin da ruwan rijiya ya fi iskar waje ɗumi kuma hannu ke tsattsagewa, domin ruwan da aka ba shuka da tsakar rana wani kaso nasa iska ke kwashewa. Jigo ba ya ɗaga ruwa fiye da 'yan mitoci, kuma abin da mutum ɗaya zai iya shayarwa da shi ɗan fili ne ƙwarai, shi ya sa alkama ta daɗe tana abincin masu hali. Lokacin shuka ma ba ya karɓar jinkiri, domin alkamar da ba a shuka a tsakiyar Nuwamba ko farkon Disamba ba, zafin Maris yakan riske ta tana cikin ɗaukar ƙwaya, ta motse ta zama ƙaiƙayi. Hukuma ta san darajar wannan sana'a tun kafin zuwan Turawa, domin a masarautun Katsina da Kano da Zazzau ana karɓar kuɗin rafi da kuɗin shuka daban da kuɗin ƙasa, kuma akwai masu sarauta irin su Sarkin Rafi da aka ɗora wa kula da masu ban ruwa.

Yana da amfani a kwatanta wannan da wata al'adar lambu da ta bunƙasa a Turai, domin matsalar iri ɗaya ce ko da yake ta fuskanci wani gefe. A tsaunukan Alps da Himalaya da yankunan ƙanƙara na arewacin duniya akwai dangin ƙananan tsirrai masu daɗewa da masana ke kira saksifiraga, masu nau'i fiye da 400, waɗanda ke tsirowa a tsagar dutse su yi dunƙule a manne da ƙasa don iska kada ta ɗauke musu ɗumi, su fitar da ƙananan furanni farare ko ja ko rawaya da zarar ƙanƙara ta narke. Ɗaya daga cikinsu, mai fure shuɗi-ja, an same shi a sama da mita 4,500 a kan tsaunin Dom na ƙasar Suwizalan, kuma yana cikin tsirran da suka fi kowa kusantar ƙuryar arewacin duniya. A Afirka ana samun 'yan'uwansa a duwatsun Atlas na Maroko da tsaunukan Habasha. Turawa sun ɗauki lokaci mai tsawo suna koyon yadda za su sauko da waɗannan tsirrai zuwa lambun gida. An gina lambun duwatsu a gonar magunguna ta Chelsea a Landan a 1773, Henry Correvon ya yi suna da renonsu a Janeba, Reginald Farrer ya fitar da babban littafinsa kan lambun duwatsu a 1919 kafin ya rasu a tsaunukan Bama a 1920 yana neman sababbin iri, kuma a 1929 aka kafa ƙungiyar masu lambun tsirran tsauni a Ingila. Abin da suka gano shi ne sanyi ba ya kashe saksifiraga, domin a kan tsauni ƙanƙara ce ke lulluɓe shi a bushe har ta narke; abin da ke kashe shi a gida shi ne ruwan da ke kwanciya a gindinsa da hunturunsu mai yawan yayyafi, da zafin rana a lokacin bazararsu. Don haka suka koma shuka shi a cikin tsakuwa da yashi, a tsagar duwatsu ko a tsoffin kwamayen dutse na shayar da dabbobi, ta gefen da rana ba ta dukansa da tsakar yini, wani lokaci ma a ɗakin gilashi mai buɗaɗɗun tagogi wanda aikinsa tare ruwan sama ne kawai. Irin wannan tsiro ba zai rayu a Katsina ba, domin mai daɗewa ne kuma dole ya ratsa Afrilu, ga shi yana buƙatar watanni na sanyin da ya kusa daskarar da ruwa kafin ya yi fure. Mai lambun Turai yana gyara wuri ne don ya yi kama da tsauni, shi kuwa na Katsina yana zaɓen lokaci ne, ya cusa dukkan rayuwar shukarsa a cikin 'yan watannin da yanayin garinsa ya yi kama da na ƙasarta.

Zuwan Turawan mulki a 1903, da doguwar sarautar Muhammadu Dikko daga 1906 zuwa 1944, da buɗe Kwalejin Katsina a farkon shekarun 1920, sun kawo sababbin masu saye da sabon iri. Jami'an Ingila da malaman makaranta suna son ganyen da suka saba ci, kuma masu yi musu aikin lambu Hausawa ne, waɗanda ba su daɗe ba suka gane cewa kabeji da karas da latas suna bin ƙa'idar da alkama ke bi. Daga barikin Turawa iri ya fita zuwa bakin rafi, daga teburinsu kuma ya shiga kasuwa, har latas da karas suka zama abin da talaka ke yi wa kwaɗo da ƙuli-ƙuli. A wannan zamani ne likita J. M. Dalziel ya tattara sunayen tsirrai na Hausa a littafinsa na 1916, wanda har yau masu bincike suke komawa gare shi don sanin abin da ake shukawa kafin sabon iri ya cika ko'ina. Akwai wani bambanci tsakanin tsoffin baƙi da sababbi wanda ya cancanci a tsaya a kansa. Alkama da albasa sun zama 'yan gida, domin manomi yana fitar da irinsu da kansa: yakan ajiye kawunan albasa ya sake dasa su da ɗari su yi fure su ba da iri, kuma ta wannan zaɓe na shekara da shekaru ne aka sami nau'o'i irin albasar Galmi ta ƙasar Nijar. Latas ma yakan yi tsiri ya ba da iri idan zafi ya shigo. Amma kabeji da karas na Turai tsirrai ne masu zagayen shekara biyu, waɗanda ba sa fure sai sun kwana cikin dogon sanyi mai tsanani da hunturun Katsina bai kai ba, saboda haka har yau irinsu a gwangwani ko a takarda yake zuwa daga waje, kuma duk lokacin da darajar naira ta faɗi, ɗan lambu ne ke fara ji a jikinsa tun kafin ya kafta ƙasa. Dankalin Turawa kuwa ya fi samun gindin zama a tudun Jos, inda tsayin ƙasa na kimanin mita 1,200 ke ba da sanyin da a Katsina sai da ɗari ake samu.

Ban da lambun bakin rafi, wanda aikin maza ne kuma don kasuwa ake yi, akwai ƙaramin lambun tsakar gida da mata suka fi kula da shi, kuma a nan ne tsirrai masu daɗewa suka fi samun mafaka. A tsoffin gidajen cikin birni akan sami zogale da lalle da rumman ko lemun tsami a kusa da makwararar wanka da wanke-wanke, inda ruwan da aka riga aka yi amfani da shi ke isa gindinsu kullum, da ɗaɗɗoya a fasasshiyar tukunya, da kabewa ko soso da ke hawa danga. Katanga tana tare musu iska da awaki, inuwar ɗaki tana rage musu ranar bazara. Bedi, wanda wasu ke kira darbejiya ko dogon yaro, baƙo ne daga Indiya da ya shigo Nijeriya ta Barno a ƙarshen shekarun 1920, ya mamaye tituna da ƙofofin gidaje. Kusan duk abin da ke cikin wannan lambu yana da aiki a tukunya ko a magani ko a kwalliya, kuma shuka don kallo kawai ta fi yaɗuwa ne da unguwannin ma'aikata. Duk da haka akwai tsiro ɗaya na gida da aka daɗe ana ajiyewa saboda furensa, wato kariya, mai kumburarren gindi da rassa masu taushi, wadda ke tsirowa a busassun wurare masu duwatsu na yankin Sahel, ta zubar da ganye da rani ta rufe kanta da fure ja mai haske a lokacin da komai ya bushe. Ruwanta guba ne, shi ya sa dabbobi ba sa taɓa ta, kuma kamar saksifiraga, yawan ruwa a gindi ne ke ruɓar da ita. Idan ana neman abin da ya yi daidai da lambun duwatsu a ƙasar da ke da duwatsu irin na Dutsin-Ma da Ruma, kariya da 'yan'uwanta masu jure fari su ne mafarinsa, kuma abin takaici ne yadda masu sayar da furanni a bakin titi suka fi cika rumfunansu da baƙin tsirrai masu shan ruwa safe da yamma a garin da ruwa ke tsada.

Farin 1972 zuwa 1974, da wanda ya biyo baya a 1983 da 1984, su ne suka mayar da noman rani daga sana'ar 'yan tsiraru zuwa manufar gwamnati. An gina madatsar Ajiwa a shekarun 1970 don shayar da birnin, aka kammala ta Zobe kusa da Dutsin-Ma a 1983, sai ta Jibiya a kan kogin Gada, wanda shi ne ke zarcewa ya zama Gulbin Maraɗi. A can tsallaken iyaka ma gwamnatin Seyni Kountché ta Nijar ta tura jama'a noman rani bayan farin 1984. Haramta shigo da alkama da gwamnatin Babangida ta yi a 1987 ya sa manoma da yawa suka rungumi nomanta, janye haramcin a 1992 kuma ya mayar da su gidan jiya. Abin da ya fi duk waɗannan tasiri ƙaramin injin ban ruwa ne mai shan fetur da 'yar rijiyar bututu da ake kafawa a fadama, waɗanda shirin Fadama na Bankin Duniya ya yaɗa daga 1993. Cikin shekaru kaɗan jigo ya kusa ɓacewa, filin da mutum ɗaya ke iya shayarwa ya ninka sau da yawa. Sai dai inji bai ƙara wa ɗari ko kwana ɗaya ba, saboda haka kowa a lokaci guda yake shuka, a lokaci guda yake girbi, kuma a Fabrairu da Maris tumatir kan yi arha har a koma yanka shi ana shanyawa a ƙasa, ya dawo ya yi tsada da damina. Shuka iri ɗaya a fili mai faɗi ya kuma buɗe ƙofa ga annoba, kamar tsutsar tumatir da manoma ke kira sharon, wadda ta cinye gonaki a Katsina da Kano da Kaduna a 2016.

Tsoffin lambunan birnin kuwa wata jarrabawa suka shiga tun da Katsina ta zama babban birnin jiha a ranar 23 ga Satumba, 1987. Gari ya tsallake ganuwa ta kowace ƙofa, filin da ke cikinta ya cika da gine-gine, an cike kududdufai da yawa da shara an yanka filaye a kansu, abin da ya rage wa ƙasa wuraren shan ruwa ya kuma ƙara ambaliya da damina. Abin da ya saura shi ne zirin lambuna da ke bin rafin Ginzo ta Ƙofar Marusa, inda Lambun Sarki yake, da Ƙofar Durɓi da Ƙofar Sauri, kuma ruwan da ke gudu a rafin da rani yanzu yawancinsa na magudanun gidaje da kasuwanni ne. Wannan ruwa ba ya yankewa kuma yana ɗauke da taki, shi ya sa 'yan lambu suke dogara da shi, amma yana ɗauke da ƙwayoyin cuta da gurɓataccen sinadari, ga shi latas da kabeji da karas ɗanye ake cin su. Masana a jami'o'in jihar sun sha auna ruwan da ganyen suna jan hankalin hukuma, kuma maganin da ake ambata ba mai wuya ba ne: tafkunan tace ruwa kafin ya isa fangali, rijiyoyi masu tsabta don wanke kaya kafin a kai kasuwa, da shata gefen rafin a taswirar gari a matsayin filin noma da ba a yanka shi don gini. Na ƙarshen ne ya fi gaggawa, domin yawancin masu aikin aro ko haya suke yi, kuma kuɗin da mai fili zai samu idan ya sayar wa magini a rana ɗaya ya fi abin da latas zai ba shi a shekaru masu yawa.